Ƙafafu Biyu a Bakin Ganga

Duk wanda ya tashi a Kettle Run a zamanin majigi marar magana ya san ƙeyar Lavinia Pruitt kafin ya san fuskarta. Ita ce mai kaɗa fiyano a gidan majigin garin, kujerarta a gindin farin ƙyallen da ake haska hoto, ta ba jama'a baya. Mutanen cikin hoto ba su da murya, ita ce muryarsu. In doki ya zabura, yatsunta ne kofato. In budurwa ta fashe da kuka, sai ka ji ƙattin da suka wuni a ramin kwal suna jan majina a ɓoye. Doguwa ce siririya, ga baki, ba ta barin ko-ta-kwana. Ba ta yi aure ba, kuma wanda ya tambaye ta dalili sau ɗaya bai ƙara ba.

Abin tinƙahonta a duniya kuwa ba fiyano ba ne, ƙaninta ne, Orval. Ita ta goya shi bayan rasuwar uwarsu. Tun yana ƙarami ba shi da aiki sai faɗuwar ganganci, ya yi tuntuɓe da iska ya wuntsila, a yi ta dariya. Ubansu, Ezra mai ɗinkin takalma, dattijon coci ne da ya ɗauki majigi tarkon Shaiɗan. Ya ƙyale Lavinia ne kawai don ya san ba zai iya da bakinta ba.

Ezra yana da wata al'ada da ya gada wajen ubansa. Takalmin mutanen gari yakan jera masa ƙusoshi layi-layi, amma na iyalinsa sai ya buga su siffar tauraro a tsakiyar tafin. Irin wannan ya ɗinka wa Orval, sabo fil, bai san guzurin gudu yake yi masa ba. Da takalmin nan yaron ya hau jirgin ƙasa ya nufi yamma, inda ake shirya fina-finai. Abin da ya fi ƙona ran tsohon ke nan. Ya ce daga ranar ba shi da ɗa namiji, kuma shekara uku kalmar "ɗana" ba ta sake fita daga bakinsa ba.

Gari kuwa ya samu abin yi. Birdie matar mahauci, wadda in ba ta yi gulma ba ba ta iya cin abinci, ta baza cewa kwanuka Orval yake wankewa a wani gidan abinci. Sai ga saƙo ya iso wa Lavinia: ya fito a fim, shi ne ɗan sanda, kuma fim ɗin na nan tafe. Wai! Ranar ko karen gidan limamin coci sai da ya ji labari. Da yamma ta ajiye wa ubanta wake da burodin masara, ta tsaya a kansa.

"Baba, sau ɗaya tak. Ka zo ranar Asabar ka gani da idonka."

"Ni? Gidan Shaiɗan?"

"In ba ka gan shi ba, ba zan ƙara ambatar sunansa a gidan nan ba har abada."

Ezra ya ɗago ya dube ta. "Ke kika faɗa da bakinki."

Safiyar Asabar, kamar yadda suka saba da kowane sabon fim, ita da Kawu Lemuel mai murza injin majigi suka kalle shi su biyu, don ta san kiɗan da za ta sa. Labarin wani wanzami ne da ya ƙera jirgi da tukunyar wanki, ya cilla kansa tauraruwar Zara. A can ya tarar mutane suna da eriya a ka kamar fara, kajinsu sun fi shanu girma, kuma aski laifi ne. Ya yi wa sarkinsu ƙwal-kwabo, aka ce a kamo shi. Lavinia ta gyara zama, yanzu ɗan sanda zai shigo. Sai hoton ya yi tsalle. Ga wanzami yana gudu a kasuwa, ba ɗan sanda, ba dalilinsa.

"Kawu Lemuel! Ina ka kai mini ƙanina?"

Tsohon ya sauko daga ɗakin injin yana sosa ƙeya. "Ba ni ba ne, 'yata. Almakashin hukumar tace fina-finai ne. Direban da ya kawo fim ɗin ya ce an dulmiya ɗan sandan cikin gangar zuma ta ka. Su kuma sun ce ba a wasa da hukuma, ko da ta wata duniya ce."

Ka ji mutane! Wani ɗan sanda mai eriya a ka, a tauraron da ko tsuntsu bai taɓa zuwa ba, shi ne za a kare wa mutunci. Suna can birni cikin kwat, sun yi ƙyas da almakashi, ba su san ɗan wani suka yanke ba. Lavinia ta ji kamar ta kurma ihu. Ga Birdie, ga gari, ga alkawarin da ta ɗauka da bakinta. Baki shi ke yanka wuya.

"Sake sa wurin," in ji ta.

Ya sake, ya kuma sakewa. A karo na uku ta gani. Bayan tsallen, can gefen hoton, ga ganga, ga ƙafafu biyu a sama suna wutsil-wutsil, tafinsu na kallon jama'a. Kafin ƙiftawar ido sun wuce. Mai almakashi fuska ya nema, bai damu da ƙafa ba.

"Kawu, in an zo nan ka rage hannu. Ka murza a hankali yadda har makaho zai gani."

"Ke yarinya, kin san abin da kike faɗa? Fim ɗin nan ya fi kananzir son wuta. Ya daɗe gaban fitila sai ya kama, mu ƙone har da masu kallo."

"Ban ce ka tsaya ba. Cewa na yi ka ja ƙafa, kamar yadda kake yi in matarka ta aike ka."

Lemuel ya yi tsaki, ya yi dariya, ya je ya cika bokiti biyu da yashi ya ajiye gefen injin.

Da la'asar gidan ya cika maƙil. Ezra ya shigo cikin baƙar rigarsa ta coci, ya zauna layin gaba a miƙe kamar an kawo shi shari'a. Aka kashe fitilu. Lavinia ta tashi tukunyar wanki da kiɗa mai hawa, ta yi wa ƙatuwar kaza ƙyarƙyara da yatsa biyu, mutane suna riƙe ciki. Aka zo wurin, hoton ya yi tsalle.

"To, ina ɗan sandan namu?" Muryar Birdie ce daga baya. "Ko bai gama wanke-wanken ba?"

Dariyar ba ta gama tashi ba sai hoton ya soma tafiyar hawainiya, yana ƙyaf-ƙyaf. Wanzami ya zama kamar mai gudu cikin taɓo. Lavinia ta watsar da kiɗan gudu, ta kama wata 'yar waƙa da Orval yakan yi da fito a bakin teburin aikin ubansu, wadda ba wanda ya san ta sai 'yan gidan. Ƙafafun suka bayyana a gefen ƙyallen, manya-manya, suna motsi a hankali. Ƙusoshin suna ƙyalli, tauraro a tafin dama, tauraro a na hagu.

Kujera ta yi ƙara. Ezra ya miƙe, inuwar kansa ta faɗa kan ƙyallen.

"Aikina ne wannan!" ya ce da ƙarfi. "Takalmin ɗana ne! Ɗana ne a cikin gangar nan!"

Masu zuwa shagonsa sun san tauraron nan, sun sha roƙonsa ya yi musu yana hana su. Wuri ya kaure da tafi da fito. Wani ya ce, "Birdie, a ganga ake wanke-wanken ashe!" Daga sama Lemuel, da ya fara jin ƙauri, ya koma murzawa da sauri, wanzami ya ci gaba da gudunsa. Lavinia ba ta waiwaya ba. Hawaye na ɗiga kan yatsunta, amma ba ta kuskure ko sau ɗaya ba, kuma ba ta taɓa jin alfahari irin na ranar ba.

Ta ci gaba da zama a kujerar nan har majigi ya koyi magana aka fitar da fiyanon, ta koma koyar da yara kiɗa. Orval bai taɓa zama tauraro ba, ya ƙare rayuwarsa ana jefa shi a ganga da tafki. Amma in aka tambaye ta ranar da ta fi kowace a aikinta, ba ta faɗin tafin da jama'a suka yi a ranar nan, sai tafiyarsu gida. Uban yana gaba, hannu a baya, har ƙofar shago. A nan ya tsaya, yana laluben makulli, bai dube ta ba.

"Kin lura dunduniyar hagun ta cinye?"

"Ban lura ba, Baba."

"Ta cinye. Ki aika masa ya kawo mini na gyara. Kuma ki ce ban yarda ya ba wani ya kawo ba."