Dakta Sai-na-duba ta Tunga

Ranar Talata, sha ɗaya ga watan Maris na 2025, na dawo daga makaranta na tarar da Mama zaune a bakin ƙofa, ba ta ɗora girki ba. Ta ce, "Hadassah, Dakta Theresa Kambai ta rasu da safen nan." Jinyarta ba ta yi tsawo ba. Ban yi kuka nan take ba. Na shiga ɗaki na ajiye jaka, na tsaya ina kallon robar maganina da ke kan taga.

Dakta Theresa, Mama Likita, kin fi kowa sanin cewa magana a gaban mutane tana yi mini nauyi. Shi ya sa na rubuta.

Ina aji shida na firamare farfaɗiya ta fara kayar da ni. Yara suka daina zama kusa da ni, wai ana ɗauka ta yawu. Ranar da Mama ta kai ni ƙaramin asibitinki a unguwar Tunga, nan Minna, kin ba ni ruwa a kofi, na sha, kika karɓa kika shanye sauran a gaban masu jiran layi. Ba ki yi wa kowa wa'azi ba. Tun daga ranar na daina ɓoye kofina a gida.

Mutanen unguwa suna kiranki Dakta Sai-na-duba, kuma ba yabo suke nufi ba. Idan aka kawo miki tambaya mai wuya, sai ki ce, "Ku ba ni zuwa Laraba, sai na duba." Baba ma yakan ce, "Likitar da sai ta koma littafi? Ai gara mai kemis, shi ko tambaya ba ya yi." Duk ranar Alhamis kuma kina tara ƙananan likitoci a barandar baya, kuna karanta rahotannin bincike kuna gardama a kai. Ni ma na ɗauka ba ki gama karatu ba ne.

Bara na fahimta. Na fi shekara biyu ban faɗi ba, amma maganin yana sa ni gyangyaɗi a aji, makina yana ta raguwa. Baba ya ce a daina. Mama ta ce ko za a mutu ba za a daina ba. Gidanmu ya koma babu daɗi saboda ni. Da muka zo miki, kika faɗi maganarki ta kullum.

Ranar Laraba muka same ki da tarin takardu. Kika ce an yi bincike da yawa a kan daina wannan magani, amma ba duka ne suka shafe ni ba. Kika ture waɗanda aka yi a kan manya. Kika ture wani, domin watanni kaɗan aka bi yaran sannan aka ce sun warke. Wani kuma yaran cikinsa ba su cika aji ɗaya ba. Kika ce wa Baba, "Baban Hadassah, bincike ɗaya kamar shaida ɗaya ne a gaban alƙali. Sai an ji sauran, an kuma san halin kowane."

Sai kika buɗe ƙullin gyaɗar garin Paiko da Mama ta kawo miki, kika jera ƙwaya goma a kan tebur. Kika ja uku gefe. Kika ce idan aka haɗa rahotannin binciken da suka rage, a cikin yara goma irina da aka janye wa magani a hankali, kamar uku ciwon yakan dawo musu, sauran kuma su zauna lafiya. Kika ƙara da cewa babu ko ɗaya da aka yi a kan yaran Minna, kuma ba ki san ko wace ƙwaya ce ni ba.

Baba ya daɗe yana kallon gyaɗar. Ke kuwa ni kika juyo kika kalla. "'Yata, ke ce za ki faɗi ƙasa idan ciwon ya dawo, ke ce kuma kike barci a aji. Me kike so?" Ba wanda ya taɓa tambayata. Na ce ina so a gwada janye maganin. Kika ce to, sai an yi hutun makaranta, a riƙa ragewa kaɗan-kaɗan, kuma ban da zuwa bakin rijiya ko murhu ni kaɗai. Kika tattara gyaɗar kika zuba mini a tafin hannu, har da ukun.

Muna tsakiyar ragewar kika tafi.

Bayan jana'iza, tsohuwar gardama ta dawo gida. Mama ta ce in koma shan cikakken maganin, Baba ya ce in yar da sauran. Muka hau keke napep muka koma asibitin, muka sami wani matashin likita, Dakta Sadiq, ɗaya daga cikin waɗanda kike tarawa ranar Alhamis, a kujerarki. Ya karanta katina. Na tuna kin ce mara lafiya yana da ikon tambaya. Na ce, "Likita, yanzu yaya za mu ci gaba? Kuma da me za ka dogara?"

Ya ajiye katin, ya ce, "Ki ci gaba da rabin da kike sha, kada ki canza komai. Sauran kuma ki ba ni zuwa Laraba, sai na duba."

Mama ta yi dariya, dariyar ta koma hawaye. Baba ya gyara zama ya ce, "To, wannan ɗan gida ne. Laraba za mu dawo."

Har yau ban san ko ina cikin bakwai ko cikin uku ba. Amma ina zuwa makaranta idona a buɗe, kuma tsoro ya ragu, domin kin bar mana mutanen da ba sa jin kunyar dubawa.

Ubangiji ya ji ƙanki, Mama Likita, ya gafarta miki, ya karɓe ki cikin salamarsa. Ina miƙa ta'aziyyata da ta iyayena ga maigidanki, Baba Noah, da 'ya'yanki Kingsley da Hope, da ma'aikatan asibiti baki ɗaya. Allah ya ta'azantar da ku, ya riƙe ku kamar yadda ta riƙe 'ya'yan mutane. Amin.

Hadassah Gaiya, Tunga, Minna