Kawu Sule da Ramin Challawa

Duk wanda ya san Kawu Sule ya san ba ya zama kan abin da bai ƙwanƙwasa ba. Benci, dakali, har bangon masallaci, sai ya buga ya kasa kunne. Shekara da shekaru ya yi tare da masu neman man fetur a daji. Aikinsu su girgiza ƙasa, su auna saurin girgizar, su kintaci nauyin dutsen da ke ƙarƙashi. Ya dawo Sharada da magana ɗaya tak: "Dutse mai nauyi ba ya riƙe saƙo." Wato girgiza da gudu take ratsa shi.

Har mu bai bari ba. Da gemuna da 'ya'yana, in ya kira na yi jinkiri sai ya ce, "Habu, kai yashi ne, kira ya shige ka ya mutu!" Wani mai bulo a Zawaciki ya taɓa rantse masa da ingancin kayansa. Kawu ya buga ɗaya ya ce, "Simintin nan gaisuwa ya zo yi ya wuce."

Ranar da Alhajin da nake wa aiki zai kafa ƙaton inji a masana'antar fata ta Challawa, ni da karambanina na kawo Kawu. Ya shimfiɗa wayoyinsa, ya nana wa faifan ƙarfe guduma, ya duƙufa lissafi.

"Alhaji, girgizar nan rarrafe take yi. Babu dutsen da zai ɗauki inji a nan."

"Injiniyoyi biyu sun sa hannu, Malam!"

"Su hannu suka sa, ni kunne na sa."

Alhaji ya harare ni. "A haƙa. In ba a ga komai ba, Habu, ka nemi wani aikin."

Kawu kuwa gogan goronsa yake ci. Ba a haƙa gaba biyu ba sai ga tsohon ramin zubar da fata, ruɓaɓɓe, an rufe da ƙasa. Alhaji ya toshe hanci.

"Malam Sule, me za a ba ku?"

"Hanya, Alhaji. Warin ya ishe ni."

Ranar ji na yi kaina ya fi ƙofar masana'antar girma. An kafa injin a wani gefe, yau mutum shida ke aiki a gindinsa, suna komawa gida lafiya, ba wanda ya san sunan Kawu a cikinsu. Ni na sani. Allah Ya jiƙan Kawu, Ya sa ya tarar da ladansu a can.