Baba Sale mai kamanja ya tafi, ban tsaya masa ba

Baba Sale ya rasu. Da safen nan saƙon 'yarsa Hajara ya shigo wayata, na saurara sau uku ban gane me take cewa ba. Innalillahi wa inna ilaihi raji'un. Na faka mota a unguwar Aziziyya a nan Makka, na kasa tuƙi.

Har an binne shi. Tun jiya.

Ku 'yan unguwar Misfala kun san shi da gyaran agogo a ɗan shagon nan da mutum biyu ba sa zama ciki. Ni malamina ne. Shi ya koya min kamanja, gogen nan na Turawa mai tsirkiya huɗu da ake tokarewa a haɓa.

A Sudan aka haife shi, iyayensa suna kan hanyar Hajji daga Kano. Can wani tsohon Bature ya koya masa, har ya yi kiɗa a gidan rediyo. Yana da kaset-kaset na manyan makaɗan Turai cike da kwali. Zai sa ɗaya ya ce, "Ji wannan. Ya mutu tun kafin a haifi ubanka, amma ga shi yana numfashi a ɗakina."

Ba ya son maƙwabta su ji. Sai ya maƙala wa kamanjar abin matse shanya na katako, sautin ya koma ƙasa-ƙasa. Haka na yi shekara huɗu ina koyo, ban taɓa jin cikakkiyar muryarta ba.

Shayi kuwa dole ne kafin darasi. In na yi kuskure ba ya faɗa, sai dai ya ce, "Ya waladi, ɗana, akuyar wa kake yankawa?"

Ni kaɗai na rage masa cikin ɗalibai, kuma ni ma na fara gudu. Tuƙin tasi ya cinye ni. Wata uku ina cewa gobe.

Haɗuwarmu ta ƙarshe mako biyu ke nan. Na sauke fasinja a layinsu, ya hango ni ya yafito. Ya kama yatsuna yana dubawa, ya ce, "Waɗannan sun zama na sitiyari. Ka zo Juma'a mu ƙarasa kiɗan nan, saura kaɗan." Na ce to Baba, in sha Allah. Ko injin ban kashe ba.

Ban je ba.

Amma abin da ya fi ci min rai shi ne wannan. Hajara ta ce da hantsi ya faɗi a shago, aka yi masa sallah a Harami bayan La'asar. Sun kira ni, wayar tana silent.

Jama'a, ina cikin Haramin. Wallahi ina ciki.

Kun san yadda ake yi a nan, kusan bayan kowace sallah sai an kira sallar gawa, ba a faɗin suna. Mun saba har ba ma tambayar waye. Na ji kiran da kunnena. Ina da fasinjan Jidda yana jira, sai na ɗauki takalmina na ratsa sahu na fita. Baƙi daga ƙasashen da bai taɓa zuwa ba suka tsaya masa. Ni ɗalibinsa na ba shi baya saboda minti uku.

Ya Allah ka gafarta wa Baba Sale, ka haskaka kabarinsa, ka ba Hajara da ƙannenta haƙuri.

Don Allah duk wanda ya karanta wannan ya tsaya, ya ambaci sunansa, ya yi masa addu'a. Ku yi masa abin da na kasa yi jiya. In da saura, ku roƙa min ya yafe ni.