Labbo da Farcen 'Ya'yan Kebbe

Shekara goma sha ɗaya ke nan da muka kai Labbo makwancinsa a Kebbe, kuma har yau ban huce ba. Masu karanta wannan shafi sun saba ina ba su dariya da labarin ajin yaƙi da jahilci da nake koyarwa a Tambuwal. Yau sai ku yi haƙuri, da faɗa na zo. Labbo taubashina ne, ɗan ƙanwar mahaifina, shi ne malamin ɗakin shan magani na Kebbe tun Turawa na nan. Ya mutu ana ce masa maye. Ya bar ɗiya ɗaya, Kulu, wadda sa'o'inta duk suna goye da na biyu ko na uku, ita kuwa tana nan gaban uwarta. A watan jiya wasu mutanen Dogon Daji suka aiko a mayar musu da kayan da suka kai na neman aurenta, wai sun yi bincike. Binciken nan nasu shi ya sa na ɗauki alƙalami.

Ba zan ce muku Labbo waliyyi ne ba. Allah Ya jiƙansa, mutum ne dogo kamar giginya, da baki mai ɗacin da ko maɗaci ya ɗanɗana sai ya tofar. In ka gaishe shi da safe, sai ya tambaye ka wa ya ce maka ya kwana lafiya. Ni kuwa tun muna yara bai taɓa kirana da sunana ba, sai Tulu, saboda tumbina. Ya tafi aikin soja can ƙetare, aka sa shi cikin masu jinyar waɗanda suka ji rauni, ya dawo da tsohon takalmi mai warin da ke korar kuɗa, da kuma wata dabara guda a ɗan yatsa.

Ga dabarar. In aka kawo masa yaro mai amai da gudawa, sai ya kama hannunsa ya ɗaga daidai ƙirji, ya danna farcen da ƙarfi har ya yi fari fat, sa'an nan ya saki ya zuba ido. In jikin yaron da sauran ruwa, jini na gudu yadda ya kamata, kafin ka gama cewa salamu alaikum farcen ya koma ja. In kuwa ruwan jiki ya ƙare, sai farcen ya tsaya fari, jan ya riƙa dawowa a hankali kamar tsoho mai hawan tudu. Da haka yake sanin wanda za a mayar gida a yi ta ba shi tafasasshen ruwa da ɗan gishiri, da wanda shi da kansa zai zauna a kansa da cokali, da wanda sai an nemi abin hawa a fitar da shi zuwa babban asibiti. In hannun yaro ya yi sanyi kuwa, sai ya fara murza shi cikin tafinsa ya ɗumama, don ya ce sanyi ma yana hana jini saurin dawowa. Yana kuma duba ido ko ya zurma, ya tsunguli fatar ciki, ya tambayi rabon yaron da fitsari. Amma farcen shi ne abin da mutane suka gani.

Ni kaɗai ya taɓa yi wa wannan bayani, shi ma don ya zage ni ne. Ya danna nawa ya saki, ya ce, "Kai Tulu, naka jini gudu shika yi, ya ji ƙamshin tuwo." Na ce masa ya riƙa gaya wa iyayen yaran abin da yake dubawa. Ya ce in ya tsaya karantar da Kebbe, wa zai ba yaran ruwa? Laifinsa ke nan, na faɗa masa yana raye, ina kuma sake faɗa masa yanzu da ba shi da bakin ramawa.

Sai ga wata damina da gudawa ta shiga gari. Rafi ya cika, hanya ta yanke, jakin da ya fita daga Kebbe ya nufi Tambuwal sai ya iso da jikoki. Ni ma ruwan ya tsare ni a can, na je gaishe da gwaggona, don haka abin da zan faɗa a idona aka yi shi. Mata sun cika gindin bishiyar da ke ƙofar ɗakin maganin, kowace da yaro a cinya. Labbo yana bi ɗaya bayan ɗaya yana dannawa. Wanda farcensa ya dawo da sauri, nan take ya saki hannun ya wuce. Wanda nasa ya ƙi dawowa, sai ya tsaya, ya murza, ya sake dannawa, leɓensa na motsi yana ƙirga. To, su wa suka fi mutuwa? Waɗanda ya daɗe yana riƙe da su, mana, tun da su ne ciwon ya riga ya cinye. Ko ɗalibaina da suka fara koyon baƙi jiya sun gane wannan. Amma manyan gari masu gemu har cibiya, lissafinsu ya fita daban: wai wanda Labbo ya riƙe yana motsa baki, kurwarsa yake kamawa.

Wanda ya fara sa wa abin suna shi ne Ɗan Ige mai hatsi. Ya ajiye ɗansa a gida ana ta yi masa jiƙe-jiƙe har yaron ya zama kamar tsumma, sa'an nan ya ɗauko shi. Labbo ya danna, farce ya tsaya fari kamar alli. Ya ɗago kai a gaban jama'a ya ce, "Ina kake tun da rai nai? Yanzu mi kaka so in yi?" Duk da haka ya zauna da cokali yana ɗura masa ruwa. Kafin la'asar yaron ya cika. Na tausaya wa Ɗan Ige ranar, Allah Shi ne shaida, kuma maganar Labbo ba ta faɗuwa ba ce ga uban da ɗansa ke shure-shuren mutuwa. Amma ranar kasuwa na zagayowa, daga rumfar hatsi har wajen masu shanu babu inda bai tsaya ya ba da labarin riƙon hannu da motsin baki ba.

Abin da ya biyo baya shi ne ba zan yafe ba. Aka ce tun da ta farce yake shiga, a toshe masa ƙofa. Tsofaffi suka kwaɓa lalle, aka bi yara ana ƙunsa musu, mata da maza, har jaririn da ba a raɗa wa suna ba. Kebbe kaf ta yi ja kamar ana bikin aljanu. Sai a kawo wa Labbo yaro ido ya zurma, ya kama hannu, ya tarar da farce ya rine. Ya danna, ja; ya saki, ja. An makantar da shi da rana tsaka. Ranar da ya fara ganin haka, ihun da ya yi na tabbata an ji shi a Jabo. Da ya rasa yadda zai yi, sai ya koma danna tsakiyar ƙirjin yaro da yatsa, don nan ma fata takan yi haske ta dawo. Sai gari ya ce to, kun gani, ya bar hannu ya koma zuciya. Daga nan aka daina kai masa yara. Aka riƙa kai su maƙabarta da hannuwa jajaye, ana cewa da ba a ƙunsa musu ba da abin ya fi haka.

Bai daɗe ba bayan wannan. Ya rame, ya daina zagin mutane, ni kuwa ranar da na je ya kira ni da sunana na yanka na san tafiya ta zo. Da muka tsaya yi masa salla, sahu ɗaya bai cika ba, a garin da ko akuya ta faɗa rijiya sai an taru.

Yau ga mu mun sami mulkin kai. An sauke tutar Turawa an ɗaga tamu, rediyo na ta gaya mana Jihar Arewa ta farka. An yi wa ɗakin maganin Kebbe rufin kwano, an turo wani yaro mai farar riga da agogo a hannu. Da Labbo zai leƙo, na san abin da zai fara tambaya: an gyara rijiyar da gari ke sha, wadda shanu ke tsayawa a bakinta? In aka ce a'a, sai ya ce a mayar da shi inda ya fito.

Kwanan baya na je, na tsaya ina kallon sabon malamin. Me kuke zato yana yi? Danna farce yake yana duban agogo. Kuma wa ke zaune a benci da jikansa a cinya, ya miƙa hannun yaron da kansa? Ɗan Ige, ya tsufa, ya yi rawani. Sabon malamin ya danna ya ce da sauƙi, a je a yi ta ba shi ruwa. Ɗan Ige har da rusunawa: "Allah Shi yi maka albarka, Likita." Na jira shi a gindin bishiya.

Na ce, "Ɗan Ige, wanga ma maye na?"

Ya ce, "Haba Malam, kai ba ka barin wasa. Wanga ai ya yi karatu."

Na ce, "Abin da yac ci ma Labbo suna shi na yaron ga ya yi yanzu a gabanka. Ka tashi ran kasuwa, ka bi rumfunan da ka bi, ka ce ka yi kuskure. Akwai ɗiya zaune."

Ya gyara rawani ya ce, "Ni ban ce komi ba. Cewa na yi ɗana ya mutu a hannunshi. Abin da ya wuce a bar shi ya wuce."

Ya wuce a wurinsa, tun da nasa 'ya'yan duk suna ɗakunansu. To, ku masu bincike na Dogon Daji, bari in yi muku magana da irin hankalinku. Ba ku ne kuke cewa a nono ake shan maita ba? Wa Labbo ya taɓa shayarwa? Mutumin da ƙirjinsa ya fi allon karatu bushewa! Ko a cikin shirmen naku ba ku iya bin ƙa'ida ba.

Me ya rage na Labbo? Ba dukiya, ba gona, ba wanda ya sa wa ɗansa sunansa. Akwai samari a Kebbe yau masu noma da kiwo, waɗanda ya zauna a kansu da cokali tun kafin a fara ƙunshin, ba kuma ɗayansu da ya san haka, don iyayensu sun ce layar da suka rataya musu ce ta yi aiki. Sai kuma Kulu.

Babban ɗana Umaru, mai ɗinki a kasuwar Tambuwal, shi ya same ni da kansa bayan an mayar da kayan nan, ya ce ya daɗe yana sonta, kunya ta hana shi faɗa. Na sa babbar riga na tafi Kebbe ina hura hanci, ina ganin na zo da abin da za a yi mini guɗa. Uwarta ta yi kuka. Kulu kuwa tana bakin ƙofa tana tsince shinkafa, ko ɗagowa ba ta yi ba.

Ta ce, "Baffa, in don tausai na, riƙe ɗanka. Ban rasa tuwo ba."

Na ce ba tausayi ba ne, yaron har ya fara ɗinka wa mutane hannun riga a wuya saboda ita.

Ta ce, "To, na ji. Amma ba za a kai ni Tambuwal a ɓoye a ɗaura ba. Nan za a ɗaura shi, a ƙofar gidan ubana, ran kasuwa, a kuma kira sunanshi da ƙarfi."

Haka za a yi, in Allah Ya kai mu bayan an shigar da gero. Na riga na ɗauki sanƙiran da ya fi kowa murya a ƙasar nan, na ce masa in ya zo kan sunan Labbo ya ja shi har sai an ji a rumfar hatsi. Wanda ya zo, ga goro. Wanda tsoro ya hana shi fitowa, ya zauna a ɗaki ya toshe kunne, mu gani ko zai iya.