Ɗorawa Huɗu na Mero a Gaban Kotu

Mero matar Bature mai gyaran keke ce, a wani ƙauye kusa da Dayi. Tun tana budurwa take daddawa, kuma duk wanda ya saba da tata ba ya sayen ta wani. Kalwar da take dafawa daga itatuwan ɗorawa huɗu take samu, a wata 'yar gona da ubanta ya bari. Ita kaɗai ya haifa, don haka ba ta taɓa zaton wani zai ja da ita ba.

Shekara biyu da rasuwar tsohon, sai Malam Shitu, maƙwabcinsu na gona, ya ce ai marigayi ya sayar masa da wurin tun yana raye, ya kuma kawo shaidu biyu. Aka yi shari'a a kotun ƙasa, ya yi nasara. Aka sake a ta gaba a Malumfashi, ya ƙara yi. Bature ya ce ta haƙura. Ta ce in ta haƙura, ta yarda ke nan ubanta ya yi ciniki a ɓoye ya bar ta cikin duhu. Ta sayar da tunkiya, ta ɗaukaka ƙara zuwa kotun ɗaukaka ƙara ta shari'ar Musulunci a Katsina.

A mota ne wani fasinja ya jefa mata abin da ya hana ta sakat. Ya ce shi ya ji manyan kotuna ba sa sauraron ƙaramar magana, sai dukiyar ta kai wani adadi. Tun daga ranar Mero ta shiga zullumi. Ta tambayi dillalin gonaki darajar wurin, ya faɗi kuɗin da bai taka kara ya karya ba. Ta tambayi malamin makaranta ko maganar fasinjan gaskiya ce, ya ce bai sani ba. Wata goma sha huɗu tana jira, har ta rame, har ta taɓa barin kalwa ta ƙone a kan wuta.

Ranar zama, alƙalai uku suka duba takardu, suka yi 'yar shawara. Na tsakiya ya ce ba su da hurumin sauraron wannan ƙara, sun sallame ta.

Mero ta miƙe. "Allah gafarta malam, don gonar ƙarama ce?"

"A'a, baiwar Allah," in ji shi. "Ko ta kai daga nan zuwa Funtua, amsar ɗaya ce. Da a kan gado kuke ja, da namu ne. Amma ku a kan ciniki kuke ja, an sayar ko ba a sayar ba. Wannan na babbar kotun jiha ne."

A waje magatakarda ya ƙara mata bayani cewa wa'adin ɗaukaka ƙara ya riga ya wuce, sai ta fara roƙon a ƙara mata lokaci, kuma ana iya ƙi. Wata lauya mai suna Amina, 'yar Funtua, ta karɓi aikin don tausayi. Aka yi sa'a kotu ta amince, aka sa rana bayan damina.

Ana cikin haka Malam Shitu ya kwanta ciwo. Lauya ta gaya wa Mero cewa in ya rasu, shari'ar ba za ta ci gaba ba sai an nemo magadansa an kai musu sammaci, ga shi 'ya'yansa goma sha ɗaya, wasu a Legas, ɗaya ma ba a san inda yake ba.

Ranar Juma'a Mero ta yafa mayafi ta tafi dubiya. Matan gidan suka yi cirko-cirko. Ta durƙusa a bakin ƙofa ta ce, "Sannu, Malam. Allah ya tashi kafaɗunka."

Ya dube ta, ya amsa. Da ta fito, ta tsaya ta tambayi uwargidan ko yana iya cin abinci.