Sunan da Ban Taɓa Faɗa Ba

Shekara goma sha uku ban taɓa kiran sunan 'yar farina ba. "Ke" nake ce mata, in ba ta nan kuma "waccan". Haka na tarar ana yi a ƙauyenmu na wajen Sandamu, uwata ma ba ta taɓa kiran yayana da sunansa ba.

Wata bakwai da sakina, uban yaran bai aiko ko tiyar gero ba, ga shi dillalin awaki ne, ba wai babu ba. Na kai ƙara kotu a Daura. Yarinyar na bar ta a waje ƙarƙashin darbejiya, tana riƙe da ƙannenta biyu.

Alƙali ya ce in faɗi sunayen yaran da nake nema wa ciyarwa. Na faɗi na tsakiya, na faɗi auta, sai bakina ya tsaya. Magatakarda ya jira kaɗan, ya rubuta, ya ja layi. Na saci kallon uban nasu. Wallahi ya gane, amma ya sunkuyar da kai yana gyara hula. Mugu!

Aka yanka masa abin da zai riƙa bayarwa duk wata, abinci da makaranta, na yara biyu. Babbar ce fa za ta shiga sakandare, in ba ta cikin takardar nan zaman gida ya kama ta.

Uban ya miƙe zai fita, alƙali ya ce, "Zauna. Ba na sa hannu sai an karanta wa mai ƙara abin da ta faɗa." Magatakarda ya karanta. Alƙali ya dube ni. "Haka ne, baiwar Allah? Babu ragi, babu ƙari?"

"Allah ya gafarta Malam, akwai waccan."

"Wacce?"

Uban ya yi caraf. "Ai an riga an rubuta, Malam."

"Kai na ji naka, ban katse ka ba. Bari ta gama." Ya juyo gare ni, ya sassauta murya. "Na san abin da ke damunki, mu ma uwa ce ta haife mu. Amma kotu ba ta rubuta 'waccan'. Kuma ke ce mai ƙara, daga bakinki zan ji."

Ga maza cike da benci, ga dattawa sa'o'in ubana. Kunya kamar in nutse, haushin mutumin nan kuma yana ci na. Na motsa leɓe, magatakarda ya ce bai ji ba.

Na rufe ido na faɗe shi da ƙarfi, har muryata ta fashe.

Sai ga muryar yarinyar ta taga, daga ƙarƙashin darbejiyar, a tsorace, don ba ta taɓa jin sunan a bakina ba: "Na'am, Inna?"