Ranar da Baba ya zo Tawa kallon kokowar auta

Shekarun baya kaɗan, lokacin ban daɗe da kama aiki a Tawa ba, wani abu ya faru a falona wanda har yau in na tuna sai in rasa dariya zan yi ko kuka. Jiya wata ƙawata ta kira ni tana masifa wai telenta ta ƙi nuna ƙwallo, shi ne abin ya dawo mini sabo, na ce bari dai in ba ku labari.

Mu 'yan wani ƙauye ne can bayan Barmou. Mahaifina manomi ne, amma a ƙuruciyarsa ɗan kokowa ne na ji da gani, irin waɗanda ake aiko wa goron gayyata in an gama girbin hatsi. Bai taɓa wuce filayen karkara ba, don a zamaninsa ba wanda ya ɗauke shi ya kai shi gaba. Cikinmu duka autanmu ne ya gado shi. Baba ne ya koya masa a kan yashin bayan gida tun yana yawo ba wando. Yaro ya tashi, ya yi ƙarfi, ya shiga cikin 'yan kokowar jaha, har wata shekara aka ɗauke shi cikin waɗanda za su je gasa a wata ƙasar waje.

To, a lokacin idon Baba ya riga ya fara tafiya. Likitan ido ya gaya mana ba ɓoye-ɓoye: abin da ya tafi ya tafi, sauran ma zai bi a hankali, magani sai dai ya jinkirta. Baba ya daina zuwa filin kokowa kwata-kwata. Ya ce ba zai zauna cikin taro yana jin ganga, wani na gefe yana ba shi labarin abin da ake yi a gabansa ba. Mutum ne mai zuciya, kuma ni ma wurinsa na gado tawa.

Yayanmu babba yana Abijan, ya tafi biɗa, wato neman kuɗi, tun ina 'yar makarantar lakwal, kamar yadda mazan Adar suka saba. Shi ya aiko mini da wata ƙatuwar tele mai shiga intanet, wadda sai da muka ture kabad kafin ta samu bango. Ya sa na saukar da wani aplikasiyon na wasanni, ya turo mini sunansa da kod ɗinsa na shiga, ya ce biyan wata-wata kuma a bar masa. Wani zuwa da Baba ya yi asibiti ya sauka gidana, sai na fito daga kicin na tarar ya ja kujera har hancinsa na neman taɓa gilashin.

Ya ce, "Ke, ashe nan ina gani. Ga mutum nan, har haƙoransa."

Na yi dariya a gabansa, na koma kicin na share hawaye.

Gasar da auta ya je ba za a nuna ta a tashar ƙasa ba, sai a wancan aplikasiyon. Na aika wa Baba ya zo, bai ce e ba bai ce a'a ba. Ranar da za a yi, da hantsi, sai ga ɗan kabu-kabu ya sauke shi a ƙofar gida, da babbar rigarsa ta sallah da sandarsa. Ko Inna bai gaya wa ba sai da ya ga motar Tawa ta tsaya. Ya ce, "Na taho in ga kokowar yaron ga." Iyakar abin da ya faɗa ke nan.

Ni kuwa a lokacin ji nake ba wanda ya kai ni sanin na'ura a danginmu. Ba ni ce mai aikin ofis a biro ba? Na kunna tele da safen nan na gwada, komai lafiya lau, har na ce wa maigidana, "Ka gani ko? Aiki sai mai shi." Na dama wa Baba fura, na jera masa matasai a kujerarsa ta gaban gilashi.

Bayan azahar aka fara. Na danna, sai wani ɗan zobe ya hau juyawa a tsakiyar allo. Ya juya, ya juya, sannan rubutu ya fito da Faransanci wai ba za a iya nuna wannan yanzu ba, a sake gwadawa anjima. Ba dalili, ba komai.

Na ce, "Ba komai Baba, rezo ne, intanet ɗin ne ya yi rauni." Na kashe na kunna. Na zare waya daga bango na mayar. Na canza wa telekomand, abin danna telen daga nesa, batir, alhali na san ba ruwan batir a ciki, hannuna ne kawai ke neman abin yi. Na tura maigidana a guje ya ƙaro mana kuɗin intanet, ya dawo na tsayar da bawan Allah a bakin taga ya ɗaga wayar da ke ba tele intanet sama wai ko rezo zai fi kamawa. Don in tabbatar, na buɗe wani wurin kallo daban, nan take wata mata ta fito tana koya yadda ake dafa shinkafa, tar da ita, ko gargada babu.

Baba ya matso da fuska ya ce, "Wagga ma kokowa za ta yi?"

Maigidana ya fashe da dariya. Na harare shi, ya haɗiye.

Sai na goge aplikasiyon ɗin gaba ɗaya na sake saukarwa, na zauna ina shigar da kod harafi bayan harafi da telekomand, ina kuskure ina gogewa, gumi na bin bayana. Ai kuwa ya buɗe! Ga fili, ga makaɗa, ga wasu ƙarti biyu suna zagaye juna. Kafin in ce alhamdulillahi ya ɗauke, zoben nan ya dawo.

Baba ya ce a hankali, "Na ga yashi."

Wallahi maganar nan ta fi zagi yi mini ciwo. Auta ya riga ya gaya mana masu nauyi irinsa su ne na ƙarshe, amma kokowa ba ƙwallo ba ce da za a ce a jira rabin lokaci. Wani kamun, kafin ka kurɓi ruwa an gama. Kuma na san abin da likita ya ce. Wa ya san abin da idon nan zai gani baɗi?

Da la'asar ta yi, Baba ya lalubi sandarsa ya miƙe. Ya ce, "Bar shi hakanan, ɗiyata. Allah bai nufa ba. Ba ni buta." Bai yi fushi ba, kuma da ya yi fushin da ya fi mini sauƙi.

Yana fita alwala na shige kicin na kira yayana, da niyyar in wanke shi tas, don na gama yanke hukuncin bai biya kuɗin wata ba. Yana ɗauka na ji hayaniya, na kuma ji ganga. Gangar filin nan da ta ɗauke mini yanzu.

Na ce, "Yaya, kallo kake yi?"

Ya ce, "Awo mana! Mu duka muna ɗaki, sai dai rezon ƙasar ga ya lalace yau, shina zuwa shina ɗaukewa. Na Kamaru ma haka sunka ce, na Libiya ma."

Na ce, "Na Kamaru da wane kod suke kallo?"

"Da nawa mana. Na saka shi gurup na 'yan gari a waya tun jiya. Yaronmu zai yi kokowa, in hana ma wa?"

Na dafe kai. Sai a lokacin na tuna an rubuta, ranar da na fara shiga, cewa na'ura biyu kawai za su iya kallo lokaci guda. Ashe tun azahar mazan ƙauyenmu ne ke ture juna daga ƙasa zuwa ƙasa. Wannan ya shiga, wancan ya faɗo, kowa kuma yana zaune yana tsine wa rezon ƙasar da yake.

Wanda bai san mutanenmu ba zai ce wauta ce. Amma haka suke rayuwa a can. Baƙo in ya sauka daga gida, ɗakin 'yan gari zai kwana, kwanonsu zai ci, har rigar zuwa neman aiki ta wani ce. A wurin yayana kod ɗin nan kwanon tuwo ne, ba a rufe shi a gaban ɗan gari.

Ni dai a ranar ban tsaya wannan tunanin ba. Na buɗe murya na ce, "To madalla! Ku yi ta kallo. Baba ya taso tun daga gida, tun azahar yana zaune gaban tele, yashi kaɗai ya gani!"

Ya ce, "Wane Baba?"

"Baba nawa gare ka?"

"Baba ya zo Tawa? Don kokowa?" Muryarsa ta canza. Na ji ya daka wa na ɗakin tsawa su yi shiru.

Ashe Baba ya idar da salla yana tsaye bakin ƙofar kicin. Ya ce, "Kada ki hana su. Su da ke nesa da gida, mi gare su in ba wannan ba? Ni na ga kokowa har na ƙoshi. Ce mishi ban yarda ba."

Na ce, "Yaya, ka ji abin da ya ce."

Ya ce, "Ban ji ba, rezo ba shi da kyau." Ya kashe.

Ba a jima ba na ga an jefa ni cikin gurup ɗin, ni kaɗai mace a tsakiyar maza. Saƙon muryar yayana ne a sama, gajere: "Jama'a, Baba na Tawa gaban tele, kun san halin idonsa. Kod ɗin ga ba ya ɗaukarmu duka. Ni na kashe."

Sai saƙonni suka fara shigowa. "Na kashe." "Mu ma nan Duwala mun kashe, a gaida Baba." "Ikko an kashe." Wani dattijo ya ce shi bai iya kashewa ba, ya dai cire batirin wayar gaba ɗaya, da wayar maƙwabci yake magana. Wasu muryoyin tun ina yarinya rabona da jin su. Na tsaya riƙe da waya, duk masifar da na tanada ta bi ruwa.

Na danna. Ya buɗe, ya ɗauke. Na sake, ya ƙi. Saura wasu ke nan. Aka shiga lissafin wa da wa ba su amsa ba, aka gano wasu samari ne biyu a Libiya, kowa da wayarsa, sun duƙufa kallo ba su ma san ana yi ba. An kira, ba su ɗauka ba. Sai wani ya tuna akwai wani mutumin garin Affala, nan yankinmu, da ke aikin gini kusa da ɗakinsu. Aka nemo lambarsa ta hannun surukinsa da ke Gabon, mutumin da bai san mu ba bai san Baba ba ya ajiye aikinsa ya ruga ya buga musu ƙofa.

Na danna. Fili ya fito, bai kuma ɗauke ba.

Na kamo hannun Baba na zaunar da shi. Ya matso har numfashinsa na taɓa gilashi. Aka yi kamu ɗaya na wasu, aka share fili, sai ga auta ya shigo, ya duƙa ya shafi ƙasa kamar yadda Baba ke yi. Baba ya ɗora tafin hannunsa a gefen allon.

Can ya ce, ba tare da ya juyo ba, "Kira min su. Duka."

Maigidana ya karɓi wayata ya danna kiran gurup ya buɗe lasifika, ya riƙe wayar kusa da bakin Baba. Mutumin da ya rantse ba mai ba shi labarin kokowa, ga shi yau shi ke ba rabin gari labari.

"To, sun kama. Wancan ya fi shi tsawo, amma ƙugunsa na sama. Yaro, kada ka yi gaugawa. Ya nemi wuya, bai samu ba. Sun rabu. Sun koma. Ku saurara, ku saurara, ya ba shi ƙafar dama da gangan... zai ɗauka... ya ɗauka! An gama!"

Wallahi sai da ya ce an gama sannan muka ga taɗiyar. Dogon nan ya tafi da baya, yashi ya tashi. Abin da ya fito daga 'yar wayar nan ba ya faɗuwa: ihu, kabbara, wani na buga kwano, wani na kuka ba kunya, ina jin yayana ne ko da yake har yau musu yake. Ni da maigidana muna tsalle kamar yara. Baba kuwa yana nan zaune, hannunsa a kan allo, hawaye na bin gemunsa.

Auta bai ɗauko kofi ba. A zagaye na gaba, yammacin nan dai, wani ya kayar da shi, kuma Baba ya ga wannan ma, ya kuma ba su labarinsa ba ragi.

Ƙawata ta jiya, abin da na fara tambayarta shi ne wa da wa ke da kod ɗinta, kuma nan matsalar take. Amma ni abin da ya zauna mini daga ranar nan ya wuce gyaran tele. Na daɗe ina jin haushin halin mutanenmu na ba a mallakar komai kai kaɗai, ina ganin shi ke hana su ci gaba. Har yanzu wani lokacin yana ba ni haushi, ba zan yi ƙarya ba. Sai dai ranar nan na ga mutanen da suka yi shekaru ba su taka gida ba sun kashe abin da suka fi ɗokin gani, ba wanda ya tsaya tambayar don me.

Yanzu Baba ba ya gani ko kaɗan, sai dai ya bambance rana da inuwa. Yana nan lafiya, yana zama ƙofar gida, yaran da auta ke koya wa kokowa suna zuwa ya shafa kafaɗunsu ya faɗi wanda zai yi nisa. Da sallar bara muna zaune, auta ya fara ba baƙi labarin faɗuwarsa a gasar nan, wai santsin yashi ne ya ja shi.

Baba ya ɗaga sanda ya ce, "Kai, yi wa wani. Ƙafar hagu ka buɗe. Ina wurin, na gani da idona."